Ƙofar kurkukun Abbaganaram: Wa ake ɗaurewa idan an raina kotu?

A daren 9 ga Satumba 2024, wayewar garin 10, madatsar ruwa ta Alau ta ɓalle. Kogin Ngadda ya cika ya batse, ruwa ya shiga Maiduguri, irin shigar da rabon a gani tun 1994. Abbaganaram na cikin unguwannin da suka sha ruwa sosai. Gidan yarin da ke unguwar, wanda mutanen gari ke kira sabon kurkuku, katangarsa ta jiƙa ta zube. Da aka kwashe mazauna gidan aka ƙirga, sai hukumar gidajen gyaran hali ta sanar da cewa ba a ga fursunoni 281 ba.

Duk wanda ke bayan wannan katanga, takarda ce ta kai shi. Alƙali ya sa hannu, magatakarda ya buga hatimi, ɗan sanda ya tasa ƙeyar mutum, gandiroba ya karɓe shi ya rubuta sunansa a littafi. Ba a kwana ana shawara. Takardar alƙali, in dai a kan talaka ta faɗa, ƙafa gare ta, kuma da gudu take tafiya.

Akwai kuma wata takardar, daga hannun alƙalin dai, da biro ɗaya da hatimi ɗaya. Ita ce wadda ke cewa gwamnati ta biya wane haƙƙinsa, ko jami'an tsaro su saki wane, ko hukuma ta mayar da wane bakin aikinsa. Wannan takan shekara a cikin fayil har gefenta ya yi ja. Doka ta ce wanda ya ƙi bin ta, makomarsa gida irin na Abbaganaram. To, sau nawa aka ga hakan ta faru?

Wata 21 na gidan Baba Fugu

Mutanen wannan ɓangare na Maiduguri ba sa bukatar a ba su labarin wata ƙasa. A wajen unguwar tashar jirgin ƙasa, ba nisa da Abbaganaram, nan Markaz ɗin Muhammad Yusuf, jagoran masu tada ƙayar baya, yake kafin a rushe shi a rikicin ƙarshen Yulin 2009. Filin na surukinsa ne, Alhaji Baba Fugu Muhammad, dattijo ɗan shekara 72. Bayan an kashe Yusuf a hannun 'yan sanda ranar 30 ga Yuli, Baba Fugu ya kai kansa ofishin 'yan sanda da ƙafarsa. Bai dawo gida ba.

Iyalinsa ba su ɗauki makami ba. Lauya suka ɗauka. Babban ɗansa, Babakura, ya shigar da ƙara a Babbar Kotun Jihar Borno, kuma a watan Afrilun 2010 kotu ta yanke cewa kisan ya saɓa wa doka da tsarin mulki. Ta yi umarni a biya iyalin diyyar Naira miliyan 100, a ba su haƙuri, a kuma tono gawar a miƙa musu su yi mata sutura yadda addini ya tanada. A garin da kowa ke magana ƙasa-ƙasa a lokacin, wannan hukunci ba ƙaramar jarumta ba ce.

Sai dai ganin Dala ba shiga birni ba ne. Aka ɗaukaka ƙara, magana ta kwanta. Shekarar 2010 ta wuce, aka shiga 2011, aka yi zaɓe, Ali Modu Sheriff ya sauka daga kujerar gwamna, Kashim Shettima ya hau, harbe-harbe da bama-bamai suka dawo gari. A tsakiyar Satumban 2011 tsohon shugaban ƙasa Olusegun Obasanjo ya zo Maiduguri ya zauna da iyalin, yana neman hanyar sulhu, Babakura ne ya karɓe shi. Kwana biyu bayan haka ɗan bindiga ya harbe Babakura. Sai a Janairun 2012 gwamnatin Borno ta biya miliyan 100 ɗin. Wata 21 ke nan daga ranar hukunci, kuma wanda ya kai ƙarar yana kabari.

Babu mai hankalin da zai ce jinkirin biyan wannan diyya ne ya haifi ta'addancin da ya ɗaiɗaita Arewa maso Gabas, kuma babu uzurin da zai wanke masu zubar da jinin bayin Allah. Amma a daidai lokacin da masu tada ƙayar baya ke hure wa matasa kunne cewa kotun boko ba ta ƙwato wa kowa haƙƙi, ga gida guda ya bi hanyar kotu, ya yi nasara, aka bar shi riƙe da takarda. Hujjar da gwamnati ta fi bukata a hannunta ke nan, ita kuma ta bari ta yi sanyi.

Fom 48 da Fom 49

A takarda, maganar a fili take. Sashe na 287 na tsarin mulkin 1999 ya wajabta wa dukkan hukumomi da mutane aiwatar da hukuncin kotuna, tun daga Kotun Ƙoli har manyan kotunan jihohi. Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta dakatar da hukunci, sai an nemi umarnin dakatarwa kuma kotu ta bayar.

Raina kotu iri biyu ne. Akwai na gaban alƙali, kamar zagi ko hargitsa zama, wanda alƙali kan hukunta nan take. A Yulin 2022 Babbar Alƙaliyar Jihar Akwa Ibom, Ekaette Obot, ta tura lauya Inibehe Effiong kurkuku na wata guda a kan irin wannan zargi, kuma sai da ya cika watan cif. Na biyu shi ne ƙin bin umarni bayan an tashi daga kotu. Shi wannan hanyarsa doguwa ce, kuma dokar aiwatar da hukunci da aka gada tun zamanin Turawa ce ta shata ta.

A ɗauka wata bazawara ce ta yi shari'a da wata hukuma a kan filin marayunta, kotu ta ce a fita a ba ta. Aka ƙi. Lauyanta zai koma wurin magatakarda ya karɓi kwafin umarnin, a manna masa Fom 48. 'Yar gajeriyar sanarwa ce, layi uku ko huɗu, tana gargaɗin wanda aka rubuta wa cewa in bai bi umarnin ba, ya raina kotu, kuma kurkuku na jiransa. Masinjan kotu ne zai kai, kuma asalin ƙa'ida hannu da hannu ne. In aka ƙi ji, bayan aƙalla kwana biyu sai Fom 49, mai kiran mutum ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Da yake 'yancin mutum ake shirin taɓawa, kotu na neman hujja mai ƙarfi irin ta shari'ar laifi, kuma kuskure kaɗan a wajen isar da takarda kan rushe komai.

An yi wannan tsauri ne don kada a ɗaure mutum bai sani ba. Amma dubi masinja da jakarsa a ƙofar bariki, ko a gaban ofishin kwamishina. Mai gadi zai ce oga ya fita. Gobe a ce yana taro. Jibi a ce a ajiye a ofishin karɓar wasiƙu. Ranar zama kuma lauyan hukuma ya miƙe ya ce ba a ba maigidansa takarda a hannu ba. Kowane zuwa da kuɗin mota, kowace ɗagewa da kuɗin lauya, duk daga ɗan abin da bazawarar ke juyawa. Da yawa a nan suke cewa sun bar wa Allah. Maƙwabcinta ɗan tireda kuwa, in shi aka yi wa umarnin, masinja zai same shi zaune a kan bencinsa tun kafin azahar.

Wata guda, manya uku

Ƙarshen 2022 alƙalai suka yi abin da ba a saba gani ba. A farkon Nuwamba labari ya fito cewa Mai Shari'a Chizoba Oji ta Babbar Kotun Abuja ta ce a kai shugaban hukumar EFCC, Abdulrasheed Bawa, kurkukun Kuje. Tun Nuwamban 2018 kotu ta umarci hukumar ta mayar wa wani tsohon hafsan sojan sama, Rufus Ojuawo, motarsa Range Rover da Naira miliyan 40. Kotu ta ɗora wa Sufeto Janar na 'yan sanda alhakin aiwatar da ɗaurin.

Mai dokar barci sai ya ɓuge da gyangyaɗi. Ranar 29 ga Nuwamba, Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta Babbar Kotun Tarayya ta yanke wa shi kansa Sufeto Janar ɗin, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku. Maganar wani ɗan sanda ce, Patrick Okoli, da aka yi wa ritayar dole a 1992, kotu ta ce a mayar da shi tun 2011. Shekara 19 yana neman hukunci, shekara 11 yana neman a bi hukuncin. A makon da aka yi haka dai Babbar Kotun Jihar Neja da ke Minna, ƙarƙashin Mai Shari'a Halima Abdulmalik, ta ba da umarnin kamo Babban Hafsan Sojin Ƙasa, Laftanar Janar Faruk Yahaya, a tsare shi a gidan yarin Minna.

A cikin ukun babu wanda ya kwana a kurkuku saboda waɗannan hukunce-hukunce. Na Bawa an janye shi cikin 'yan kwanaki, na Sufeto Janar a watan Disamba, bayan lauyoyinsu sun gamsar da kotu cewa an ɗauki matakan bin umarnin. Doka ta yarda da haka, domin manufar ɗaurin a tilasta biyayya ne, wanda ya gyara kuma a sake shi. Abin lura shi ne saurin da fayil ya yi da aka ambaci Kuje. Abin da ya gagara shekaru, sai ga lauyoyi a kotu cikin mako suna nuna takardu.

Inda ko barazanar ba ta yi aiki ba

Sambo Dasuki, tsohon mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, ya shiga hannun DSS a Disamban 2015. Kotuna daban-daban suka ba shi beli, kotun ECOWAS ta ce a sake shi a Oktoban 2016 har da diyyar Naira miliyan 15. Sai ranar 24 ga Disamban 2019 ya fito, bayan shekara huɗu. Sheikh Ibrahim Zakzaky da matarsa Zinatu, Mai Shari'a Gabriel Kolawole ya ce a sake su cikin kwana 45 tun ranar 2 ga Disamban 2016, a kuma biya kowannensu miliyan 25. Ba su shaƙi iskar 'yanci ba sai 28 ga Yulin 2021, da Babbar Kotun Kaduna ta sallame su. A tsakanin nan, a taron lauyoyi na Agustan 2018, Shugaba Muhammadu Buhari ya fito fili ya ce bin doka yana ƙarƙashin tsaron ƙasa da maslaharta.

Mutane da yawa a Arewa sun yi shiru a lokacin, wasu ma sun tafa, domin ba sa ƙaunar wannan ko ba su yarda da aƙidar wancan ba. Sai a 2023 abin ya zo aljihun kowa. Jihohin Kaduna, Kogi da Zamfara suka kai ƙarar canjin kuɗi, Kotun Ƙoli ta ba da umarni ranar 8 ga Fabrairu cewa kada a daina karɓar tsofaffin takardun Naira. Ranar 16 shugaban ƙasa ya yi jawabi ya ce tsohuwar 200 kaɗai za ta ci gaba da yawo. Ranar 3 ga Maris kotu ta yanke cewa tsofaffin 200, 500 da 1,000 halal ne har ƙarshen shekara, amma Babban Banki bai ce uffan ba sai bayan kwana goma. A waɗancan kwanaki, daga Kasuwar Monday ta Maiduguri har Kantin Kwari, mai kuɗi a hannu ya rasa abin cefane, saboda ɗan kasuwa ya fi tsoron banki ya ƙi karɓa a kan abin da alƙalan Kotun Ƙoli suka faɗa. Umarnin da aka taka a kan Dasuki da Zakzaky, shi ne dai aka taka a kan mai sayen gero.

Inda gizo ke saƙa

Na farko, alƙali ba shi da soja, ba shi da ɗan sanda, ba shi da kurkuku. Duk na ɓangaren zartarwa ne. In wanda za a kama shi ne shugaban masu kamun, an ba kura ajiyar nama ke nan. Wane kofur ne zai ɗaura wa Sufeto Janar ankwa?

Na biyu, kuɗi. Wanda ya ci gwamnati a shari'a yana iya neman kotu ta sa hannu a asusunta. Amma sashe na 84 na dokar aiwatar da hukunci ya ce in kuɗin na hannun jami'in gwamnati ne, sai an sami amincewar Antoni Janar. Wato ka je wurin babban lauyan wanda ka kayar ka roƙe shi izinin karɓar kuɗinka. Na uku, rigar kariya: sashe na 308 ya hana a kama ko a ɗaure shugaban ƙasa, gwamna da mataimakansu muddin suna kan kujera. Na huɗu, kotuna kansu sun daɗe suna miƙa ƙoƙon bara ga gwamnoni, abin da ya sa ma'aikatan shari'a suka rufe kotunan ƙasar nan fiye da wata biyu daga Afrilun 2021, suna neman a sakar wa ɓangaren kuɗinsa kai tsaye.

Sai dai in ɓera da sata, daddawa ma da wari. A Mayun 2024, da Majalisar Kano ta soke dokar masarautu aka dawo da Muhammadu Sanusi II kan gadon sarauta, cikin 'yan kwanaki Babbar Kotun Tarayya da Babbar Kotun Jiha suka fitar da umarni masu karo da juna. Kowane ɓangare ya ɗauki wanda ya yi masa daɗi ya ce shi ne mai bin doka, har Alƙalin Alƙalan Najeriya na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu. In kotu biyu suka ba ɗan sanda takarda biyu, sun ba shi izinin zaɓe. Lauyoyin da ke yawo kotu-kotu suna neman alƙalin da zai ba su umarnin gaggawa a bayan idon abokin shari'a, su ma suna da kaso a wannan zubar da mutunci.

Borno ta san wata hanyar

Girmama alƙali ba baƙon abu ba ne a ƙasar nan. Limamin Mai Idris Alauma, Ahmad ibn Fartuwa, ya rubuta yadda sarkin, a Birnin Ngazargamu cikin ƙarni na 16, ya ɗauke shari'a daga hannun masu sarauta ya miƙa wa alƙalai. Duk ɗalibin fiƙihu kuma ya san wasiƙar Sayyidina Umar ga Abu Musa al-Ash'ari, wadda ta haɗa fahimtar ƙara da zartar da hukunci wuri guda, ta nuna ɗaya ba ya amfani sai da ɗaya.

A zamanin siyasa ma an gani. A Janairun 1980 gwamnatin Shehu Shagari ta kama shugaban masu rinjaye na Majalisar Dokokin Borno, Alhaji Shugaba Abdurrahman Darman na jam'iyyar GNPP, ta tsallakar da shi Chadi, wai ba ɗan ƙasa ba ne. Babbar Kotu a Maiduguri ta rushe korar, ta yanke masa diyyar Naira 350,000. Gwamnatin tarayya ta ɗaukaka ƙara, ba ta yi nasarar mayar da shi baƙo ba, Shugaba ya ci gaba da zama a gidansa. A 1986 kuwa, ana tsakiyar mulkin soja, Kotun Ƙoli ta ƙi sauraron bukatar gwamnatin Legas a rikicinta da Odumegwu Ojukwu kan wani gida a Ikoyi, saboda gwamnatin ta fitar da shi da ƙarfi tana kuma take umarnin kotu. Ƙa'idar da aka kafa ran nan tana nan: wanda ya raina kotu ba ya zuwa neman alfarmarta sai ya gyara.

A waje ma akwai abin dubawa. Kotun Ƙolin Pakistan ta sami Firaminista Yousaf Raza Gillani da laifin raina kotu a Afrilun 2012. Hukuncin bai wuce na 'yan daƙiƙu ba, amma ya raba shi da kujerarsa a watan Yuni. A Afirka ta Kudu, kotun tsarin mulki ta yanke wa tsohon shugaba Jacob Zuma wata 15 a ƙarshen Yunin 2021 saboda ya ƙi bayyana gaban kwamitin bincike, kuma ya shiga kurkuku a watan Yuli. An yi tarzoma, an yi asarar rayuka, amma hukuncin ya tsaya.

Abin da ya rage

Gyaran ba ɓoyayye ba ne. Ya kamata Majalisar Tarayya ta cire sharaɗin amincewar Antoni Janar daga sashe na 84. A sauƙaƙa isar da Fom 48 ga masu muƙami, ta yadda takardar da ta shiga ofishin lauyan hukuma ta isa. Diyyar da taurin kan jami'i ya jawo, a cire wani kaso daga aljihunsa, domin wanda ya san baitulmali ne zai biya ba ya jin zafi. Hukumar kula da alƙalai ta hukunta masu ba da umarni barkatai, ƙungiyar lauyoyi ta hukunta masu nemansa. Gwamnonin da ke da rigar kariya kuma su tuna kwamishinoninsu da manyan sakatarorinsu ba su da ita.

Mu kuma masu kallo, mu daina auna umarnin kotu da son wanda ya amfana. In aka taka shi a kan wanda ba ka so ka yi shiru, ranar da ka riƙe taka takardar ba ka da bakin magana.

Borno na sake tsugunar da mutanen da yaƙi ya raba da garuruwansu, ga kuma waɗanda ambaliya ta rushe wa gidaje. Rikicin fili, gado, haya da diyya zai yi ta zuwa gaban alƙalai shekaru masu yawa. Waɗannan mutane za su kai ƙara ne in sun ga hukunci na aiki a kan babba kamar yadda yake aiki a kan ƙarami. Ƙofar kurkukun Abbaganaram guda ɗaya ce, kuma dokar da ta tanade ta ba ta ware kowa ba sai masu kujera huɗu da sashe na 308 ya lissafa. Duk wanda ba ya cikinsu, komai girman hularsa, in ya ƙi bin umarnin kotu, a kai shi.